Sunan da Edita Ya Kasa Bugawa

Duk wanda ya taɓa aiki a ƙarƙashin yayana, Malam Abdulmumin, ya san ba ya karɓar labarin da babu suna a ciki. Ka kawo masa rahoto ka ce "wasu manoma sun koka", sai ya zare tabarau, ya dube ka kamar ka tako masa tabarma da takalmi, ya ce, "Su wa? Ba a yanka musu ragon suna ba ne?" Dole ka koma, ko da Doguwa ce, ka samo sunayen, har da na unguwa. Ni Tani, ƙanwarsa da ke bi masa, na ji wannan tambaya har ta gundure ni. Shi ya sa abin da ya yi wa 'yar cikinsa ya fi ƙona mini rai fiye da kowa a dangi.

Asalin wannan hali nasa na sani, don a gabana aka yi. An haife mu a wani ƙauye da yanzu yake ƙarƙashin ruwan Tiga. Lokacin da aka tashe mu don gina madatsar ruwan, shi yana ajin ƙarshe na firamare, ni kuwa a kan jaki aka ɗora ni tsakanin tukwane. Ranar tashin wani ɗan jarida ya zo daga birni ya ɗauki hoton mahaifinmu ɗauke da ƙyauren ɗakinsa a ka. Bayan 'yan makonni wani malamin makaranta ya kawo jaridar sabon matsuguninmu, aka taru a inuwar bangon masallaci, don ko bishiya babu a wurin, aka miƙa wa Yaya ya karanta. A ƙarƙashin hoton an rubuta, "Wani manomi yana komawa sabon gida cikin murna." Mahaifinmu, wanda ya baro kaburburan iyayensa da itatuwan ɗorawarsa a can, ya tashi ya shige gida. Yaya ya ce murnar ƙaryar da aka liƙa wa tsohon ba ta yi masa zafi kamar "wani manomi" ba. Mutum ya tsaya a gabanka har ka ɗauki hotonsa, amma ka kasa tambayarsa sunansa.

Da ya gama kwalejin horon malamai bai daɗe a aji ba. Ya shiga wata jaridar Hausa a Kano a matsayin mai duba kurakurai, yana zaune da jan biro da rula yana bin rubutun wasu layi-layi. Daga nan aka ba shi yankinmu ya riƙa aiko da labarai, tun daga Bebeji da Kiru har Tudun Wada da Doguwa. Babu kasuwar da ba ta san ƙarar babur ɗinsa ba. Shekarar da tumatir ya yi yawa har yana ruɓewa a bakin titi, ya rubuta labarin da sunan kowane manomin da ya zubar da kwandunansa. Wata damina kwale-kwale ya kife da wani baƙon masunci da ba a san shi da komai ba sai laƙabin Dogo. Yaya ya riƙe labarin, ya bi sawu tasha-tasha har ƙasar Bauchi, sai da ya samo sunan yanka da na uba sannan ya bari aka buga. Editansa na lokacin ya kusa korarsa, don tuni sauran jaridu sun buga sun manta.

Sunaye sun jawo masa abin da suka jawo. An fasa masa tayoyi, an tsare shi saboda wani kansila da rabon takin zamani, akwai gidajen da har yau ba sa gayyatarmu biki. Duk da haka ya kai matsayin edita, ya riƙe kujerar har jaridar ta mutu a hannun masu ita.

Da wani ne da ya dawo gida ya rungumi noman rani ya huta. Shi kuwa sai ya kama shago a Kwanar Ɗangora, tsakanin mai faci da mai sayar da taki, ya kafa tasa jaridar, ya sa mata suna Mahaɗa. Shafi takwas, sau biyu a wata, a zamanin da kowa ke karanta labari a waya. Shi ne edita, shi ne mai sharhi, shi ne kuma ke ɗaukar shafukan ya kai maɗaba'a a Fagge, ya zauna ya karanta bugun gwaji da rularsa kafin ya bari a tada inji.

To, ga inda matsalar take. Yaya yana da 'yar fari, Ummi. Sunan mahaifiyarmu aka sa mata, shi ya sa muke ce mata Ummi, kamar yadda ake yi a kowane gida. Kunyar ɗan fari kuwa a zuriyarmu ba wasa ba ce, don kakarmu Bafulatana ce, kuma mun gaje ta kaf. Ana yaye yarinyar aka kawo mini ita Kiru, inda nake koyarwa, ni na goya ta, ni na sa ta makaranta. Uwarta Fiddausi idan ta ga ta shigo ɗaki sai ta tuna da wani aiki a madafa. Yaya kuwa ko Ummin bai taɓa furtawa ba. Sunanta a bakinsa "'yar gidan Tani". Idan zai ba ta abu sai ya ajiye a kan dakali ya ce, "A zo a ɗauke wannan." Ba ƙiyayya ba ce, kowa ya sani, kuma ni ma ban ga laifinsa ba a lokacin, don haka muka taso muka ga ana yi.

Laifin ya fito ne bayan yarinya ta karanci aikin jarida a Kano ta gama, ta ce ita a Mahaɗa za ta yi aiki. Ni na kai ta da kaina. Ya dubi bango ya ce, "Akwai kujera a can." Shi ke nan, an ɗauke ta aiki.

Kafin a farga Ummi ta zama hannunsa da idonsa, don nasa idon ya fara yin yana. Ita ke buga komai a kwamfuta, ita ke hawa acaɓa ta shiga ƙauyukan da mota ba ta zuwa, ita ke shiga cikin gidaje wajen mata, inda shi duk tsawon aikinsa sai dai ya tsaya a zaure. Kowane ɗan rahoto a Mahaɗa yana fitowa da sunan mai shi a sama. Nazifi mai karɓo tallace-tallace, wanda ba ya iya haɗa jimla biyu ba a gyara masa ba, idan ya rubuto sakamakon ƙwallon unguwa sai ka ga "Daga Nazifi Ukasha" ɓaro-ɓaro. Na Ummi kuwa, komai tsawonsa, "Daga wakilinmu". Sau ɗaya ta gwada sa sunanta. Bugun gwaji ya dawo da jan layi a kai, ba magana, ba bayani. Ba ta sake ba, ba ta kuma tambaye shi ba, don ita ma jininsa ce, kunyar tana nan cike da ita.

Sai ga labarin kifi. Ummi ta lura yara suna ta ciwon ciki a wasu unguwannin masunta. Ta je ta zauna da matan tana taya su gyaran kifi, har suka saki jiki suka gaya mata cewa wasu ne ke zuba maganin feshi a ruwa don kifi ya taso sama su kwasa. Ta bi diddigi, ta gano masu yi, ta gano mai sayar musu da maganin, ta ji ta bakin kowa. Yaya ya ba labarin shafin farko, da sunan kowa da kowa, har da na yarinyar da ta fi jin jiki. Gidajen rediyo suka ɗauka, sarkin ruwa ya tara masunta, aka daina. A saman labarin kuwa, "Daga wakilinmu". Mutane suka ɗauka Nazifi ne, shi kuma bai ce shi ne ba, bai ce ba shi ba ne. Da idona na gan shi a tasha ana jinjina masa, yana sunkuyar da kai yana cewa, "Yin Allah ne." Sai da na ji kamar in cire takalmi in bi shi.

Ana cikin haka wani babban gidan rediyo a Abuja ya yi sanarwar ɗaukar masu kawo rahoto da Hausa. Sharaɗi ɗaya ne ya tsaya wa Ummi a wuya: a kawo aikin da aka buga a jarida da sunan mai nema a kai. Abin da mutum ya liƙa a shafinsa na waya ba sa ƙirga shi. Tana da tarin jaridu a ƙarƙashin gadonta, amma babu ko ɗaya da za ta nuna ta ce aikinta ne. Fitowa biyu ta rage wa Mahaɗa kafin a rufe karɓa. Na same ta tana baje jaridun tana sake tattarawa, na ce ta je ta yi masa magana. Ta ce, "Gwaggo, ta ina zan fara? Ni ko cikin idonsa ban taɓa kallo ba."

Na yafa mayafi na hau mota zuwa Kwanar Ɗangora. Muka gaisa da Yaya, na tambayi idonsa, ya tambayi gwiwata, sannan na faɗi abin da ya kawo ni.

"Ai na ji sanarwar," in ji shi. "Allah Ya ba mai rabo sa'a."

"Yaya, mai rabon tana can bayan labule tana buga maka sharhi. Sunanta kawai za ka sa."

Ya ɗauki rula ya sake ajiyewa. "Tani, kin san abin da kike faɗa kuwa? Sunan Inna ne fa. Kuma ta fari ce. In sa hannuna in rubuta, in kai a buga, gobe a naɗe ƙosai da shi a tasha?"

"Sunayen iyayen mutane nawa ka buga aka naɗe ƙosai da su?"

"Wannan daban."

"Da me ya bambanta? Kai ne fa ka je har ƙasar Bauchi neman sunan gawa. Ga mai rai a gabanka ka mayar da ita wakilinmu. Ko macen ma ba ka yarda ita ce ba."

Ya mayar da ido kan takardunsa. Da haushi ya ci ni sai na ƙara da abin da ban yi niyya ba. Na ce ko dai kunyar ta zame masa mafaka ne, don ya san idan ta tafi babu mai buga masa jarida. Ya dube ni ya daɗe, sannan ya ce, "Ki gaida gida." A bakin Yaya wannan kora ce.

Na kai ƙara wajen Baffa Nasiru, ƙanin mahaifinmu, wanda shi kaɗai ya rage mana babba. Ya saurare ni tsaf, ya ce shi bai ga abin tashin hankali ba, shi ma ɗansa na fari har ya yi furfura bai taɓa kiran sunansa ba, ga shi nan kuwa yana cin tuwonsa lafiya. Na je wajen limamin unguwarmu, ya ce addini bai hana uba kiran sunan 'yarsa ba, al'ada ce kawai. Na koma na gaya wa Yaya. Ya ce ya sani, ai shi ya taɓa rubuta sharhi a kan al'adun da ba su da tushe, har ya miƙe zai nemo mini in karanta. Na fita kafin ya samo, don ban san abin da zan yi da takardar ba idan ta shigo hannuna. Fiddausi kuwa da na tayar mata da zancen sai ta ce bari ta duba wake a wuta. Babu wake a gidan ranar.

Fitowa ta farko ta zo. Ummi ta kawo mini ita. A saman rahotonta na kasuwar Tudun Wada an rubuta, "Daga wakiliyarmu". Yaya har ya aiko Nazifi musamman ya tambaye ni ko na gani. Wato a wajensa ya yi babbar sadaukarwa, godiya yake jira. Na ce wa Nazifi ya koma ya ce na gani, kuma mutanen Abuja za su yi farin cikin jin cewa akwai mace a kudancin Kano.

Daga nan na ɗauke ƙafa. Ummi ta ci gaba da zuwa aiki, ta koma wajen masuntan ta rubuto yadda yaran suka warke. Maganar Abuja kuwa ta daina yi gaba ɗaya, ta mayar da jaridun ƙarƙashin gado. Wannan shirun nata ya fi damuna fiye da taurin kan ubanta.

Ranar da za a kai fitowa ta biyu maɗaba'a, da hantsi, sai na ji sallama a ƙofar gida. Yaya ne, da jakarsa a hammata. Bai shigo ba. Ya ce, "Idona ba ya gani sosai yau. Ki raka ni Kano." Mutumin da ya yi shekara da shekaru yana zuwa Fagge shi kaɗai ko da zazzaɓi a jikinsa. Na so in ja masa rai, amma na ɗauko mayafi.

Maɗaba'ar ɗaki ce mai zafi da warin tawada. Ghali, mai tsara shafuka a kwamfuta, wanda ya daɗe yana yi masa aiki, ya fitar da bugun gwaji. Yaya ya fara bi da rula daga shafin ƙarshe yana dawowa baya, abin da Ghali ya ce bai taɓa ganin ya yi ba. Da ya iso shafin farko sai ya ɗora rula a kan "Daga wakiliyarmu", ya ja jan layi, ya miƙe tsaye.

"Ghali, akwai abin da za a sa a nan. Ƙanwata za ta gaya maka."

Ya fita, ya tsallaka titi, ya tsaya cikin rana wajen mai lemo, ya juya mana baya. Na ce a raina, to, dabarar da ta rage masa ke nan. Na gyara zama irin na wadda ta yi nasara. Ghali ya ɗora yatsu a kan kwamfuta ya ce, "Ina jin ki, Hajiya."

Na buɗe baki, babu abin da ya fito.

Sunan Inna ne, kuma tun da nake ban taɓa furta shi ba. Ranar da na kai yarinyar makaranta takardar haihuwa na miƙa wa hedimasta ya kwafa. Idan wata ɗaliba mai sunan ta faɗo ajina, "mai sunan Inna" nake kiranta har ta fita. Duk surutun da na yi ta yi, daga Kwanar Ɗangora zuwa zauren liman, ni ma "sunanta" kawai nake cewa. Na laluba jaka ko akwai wata takardar yarinyar, babu komai sai goro da carbi da katin asibiti. Na ɗauko waya in kira Ummi ta faɗa da bakinta, sai na tuna idan ta ji ubanta ne ya sa, kunya za ta sa ta ce a bar shi kawai.

"Hajiya, masu katin biki suna jiran injin," in ji Ghali.

"Su jira. Ai ba yau za a ɗaura ba."

Na leƙa ta taga. Yaya yana nan tsaye, tsoho da furfura da jaka a hammata, mai lemo yana ta yi masa tayi bai ma san ana yi ba. Haushinsa ya kama ni, don ya san sarai abin da ya jefa ni ciki. Tausayinsa kuma ya kama ni, wanda ya fi haushin ciwo. Na roƙi Allah Ya jiƙan Inna, na runtse ido, na ce, "Barakatu."

"Barakatu wa?"

"Barakatu Abdulmumin Kiru. Kuma ka sa shi da manyan baƙi, irin na Nazifi."

Gumi ya jiƙa mini wuyan riga. Ghali kuwa ya buga bai ko ɗago kai ba, shi a wajensa suna ne kamar kowane suna. Ya fitar da sabon gwaji ya ce a kira Malam ya duba. Yaya ya ɗago hannu daga can tsallake, alamar a tada inji. Wannan ne karo na farko da aka buga wani shafi a Mahaɗa bai karanta gwajinsa ba.

Da la'asar muka kamo hanya da damin jaridun a ƙarƙashin ƙafafunmu. Ya kifa na saman don kada ya ga shafin. Sai da muka wuce Kura sannan ya ce, yana kallon gonakin shinkafa, "Abin da kika faɗa rannan, da gaskiya a ciki. Idan ta tafi Mahaɗa ta mutu." Na ce na sani, kuma ban ji daɗin faɗa ba. Ya ce, "Ni tun ranar da kika kawo ta na sani. Irinta ba ta zama a shago." Wannan ne yabo mafi girma da na taɓa ji ya yi mata, kuma tagar mota ya yi wa.

An ɗauki Ummi. Ranar tafiyarta ta je ta durƙusa a ƙofar shagon ta yi masa sallama, ya dubi kwamfuta ya ce Allah Ya kiyaye hanya. Mahaɗa ta ƙara fitowa 'yan lokuta a hannun Nazifi, cike da kurakuran da Yaya ba ya iya gani balle ya gyara, sai ya rufe ta da kansa kafin ta ba shi kunya. Shagon yanzu mai cajin waya ne a ciki. Shi kuwa ya kama 'yar gonar albasa a bakin kanal, inda yake yini yana yi wa masu ban ruwa tambayoyi har su gaji.

Duk Juma'a bayan an sauko yakan zo Kiru da kifi a leda. Zai zauna a tabarma ya tambayi gwiwata, ya tambayi awaki, ya tambayi yadda masara ta kwana a kasuwa, ya tambayi maƙwabcina da ba su ma san juna ba. Na san abin da ya kawo shi, ya san na sani. Sai ya tashi tafiya, ya sunkuya yana sa takalmi, sannan ya ce, "Mutanen Abuja kuwa, ana jin su?"

Makon jiya ya ƙara da cewa, "Ki ce rahoton Talata ya yi, amma jimlar farko ta yi tsawo." Na ce ni na gaji da zama ɗan aike, ga waya nan ya faɗa da kansa. Na danna lambar, na ɗora masa a tafin hannu kafin ya samu hanyar gudu. Ya kara a kunne. Daga inda nake ina jiyo ta tana sallama, tana cewa, "Gwaggo? Gwaggo, kina ji na?" Bai ce komai ba, bai kuma sauke wayar ba, har ta gaji ta kashe. Ya miƙo mini ya ce, "Da alama tana cin abinci," ya sa kai ya fita.

Na sake kiranta don in gaya mata ba matsalar sabis ba ce. Sai ta ce, "Na sani, Gwaggo. Na ji numfashinsa."